Labarin Jack Davis, Mawaƙin 'Yan Ƙasar Ostareliya

 Ya ku malamai da attajirai masu karanta wannan shafi, yau ga labarin wani mutum na ƙasar Ostareliya, babban tsibirin nan da ke kudu da Indunusiya. Sunansa Jack Davis. Baƙar fata ne, daga mutanen da Turawa suka tarar a ƙasar, waɗanda ake kira Aborijin. An haife shi a birnin Perth cikin 1917, ya rasu cikin 2000. Waƙa ya rubuta da wasan kwaikwayo, kuma duk abin da ya sa a takarda shaida ce a kan abin da aka yi wa danginsa.

Kafin a gane shi, tilas a san dokar da ya tashi a ƙarƙashinta. Cikin 1905 Gwamnatin Yammacin Ostareliya ta kafa doka, ta naɗa wani Bature wanda ta kira Babban Majiɓincin 'yan ƙasa. Dokar nan ta mai da shi waliyyin kowane yaro nasu har ya kai shekara 16, ko da uwa da uba suna raye. Malamai sun san nauyin wannan kalma, sun kuma san ba a karɓe walicci daga hannun uba sai da dalili mai ƙarfi. Can kuwa launin fata kaɗai ya isa dalili. Wanda ya fi daɗewa a kan wannan kujera shi ne A. O. Neville, daga 1915 har 1940.

Davis ya girma a Yarloop, wani ƙaramin gari na masu yankan katako, cikin 'ya'ya 11. Yana wajen shekara 14, cikin 1932, aka aika da shi tare da ɗan'uwansa zuwa wani zango na Gwamnati a bakin kogin Moore, wajen mil 80 arewa da Perth, da alkawarin za a koya musu noma. Da suka isa, ba su ga makarantar noma ba. Abin da suka tarar shi ne mutane a tsare, abinci maras kyau, da yaran da aka raba da iyayensu. Bai cika shekara ba ya fito. Amma a can ne ya zauna gaban tsofaffi, ya ji waƙoƙinsu da labarun kakanni cikin harshen Noongar, harshen mutanen kudu maso yamma. Ba da daɗewa ba mahaifinsa ya rasu, gida ya watse, shi kuwa ya nufi arewa ya shiga kiwon dabbobin Turawa bisa doki. Shekaru masu yawa yana tsara baitoci a kan guntayen takarda, ba wanda ya san da su. Sai 1970 aka buga littafinsa na fari, The First-born, yana da shekara 53.

Mafi shaharar ayyukansa shi ne wasan da ya kira No Sugar, watau Babu Sukari, wanda aka fara nunawa cikin 1985. Attajirai za su gane shi da sauri, gama rabinsa lissafi ne. Zamanin karayar ciniki ne na wajen 1930. Cikin wasan an nuna Bature maras aiki yana karɓar sule 7 a mako daga Gwamnati, alhali abincin da ake auna wa ɗan ƙasa bai wuce na sule 2 da kwabo 4 ba. Sa'an nan aka soke sabulu daga cikin rabon don a rage kashe kuɗi, aka juyo kuma ana zargin mutanen da ƙazanta. Wanda ya hana ka ruwa, shi ne ke tambayar dalilin da ba ka yi wanka ba!

Asalin wasan abu ne da ya auku. A farkon 1933 aka kwashe 'yan ƙasa daga garin Northam zuwa zangon nan na kogin Moore, wai suna da ƙazwa. Da aka duba su, sai aka samu mutum 4 kaɗai ke da ita. Northam kuwa mazaɓar Firimiya James Mitchell ce, zaɓe ya matso, Turawan garin kuma ba su son maƙwabtaka da baƙaƙe. Zaɓen ya zo cikin wannan shekara, Mitchell ya faɗi duk da haka.

Abin da na fi yaba masa shi ne bai mai da mutanensa waliyyai ba. A cikin The Dreamers, na 1982, ya nuna gida guda a Perth yadda yake, da shan giya, da faɗa, da raha, da wani tsoho mai suna Worru wanda ajali ya kusanto, hankalinsa na komawa zamanin da. Ya bar su suna magana da Turanci gauraye da harshen Noongar, har Baturen da ya biya kuɗin kallo ya ɗanɗana zama baƙo a wurin da ba ya jin abin da ake faɗi. Harshen nan ya kusa mutuwa a lokacin, gama a zangunan Gwamnati da na mishan ana hana yara yin sa.

Kafin waɗannan ya yi Kullark cikin 1979, shekarar da Turawa ke bikin cika shekara 150 da sauka a bakin kogin Swan. Suna buki, shi kuwa ya tuna musu da Yagan, jarumin Noongar da aka harbe cikin 1833, aka yanke kansa aka kai Ingila. Kan nan bai komo gida ba sai 1997.

Ya kuma riƙe editan mujallar Identity cikin shekarun 1970, inda ya buga rubutun samarin 'yan ƙasa da ba su da wata kafa. Sarauniyar Ingila ta ba shi lambar girma cikin 1976, Gwamnatin Ostareliya ta ƙara masa wata cikin 1985. Lambobin ba su rufe masa baki ba. Cikin 1983 wani yaro ɗan shekara 16, John Pat, ya mutu a hannun 'yan sanda a garin Roebourne. Aka gurfanar da 'yan sanda 5, kotu ta sallame su duka. Davis ya yi wa yaron marsiyya, ya sa sunansa a kan littafin waƙoƙinsa na 1988. Kukan jama'a a kan wannan mutuwa da ire-irenta ya sa aka kafa hukumar bincike cikin 1987. Ta bi diddigin mutuwar mutum 99 a kurkuku da ɗakunan tsaro na 'yan sanda, ta miƙa shawarwari 339 cikin 1991.