Raƙuman Dawa na Kure da Dajin da Yake Ciyar da Su

Kimanin kilomita 60 kudu maso gabas da birnin Yamai, a Jumhuriyar Nijar, akwai wani tudu mai marmara wanda matafiyi zai ɗauka ba abin da ke cikinsa sai faƙo da geza. To, a nan yankin Kure ne raƙuman dawa na Afirka ta Yamma suka rage, alhali kuwa a farkon ƙarni na 20 ana samunsu tun daga Senegal har Tafkin Chadi. Farauta da fari da sarar daji suka yi ta cin su, har a shekarar 1996 aka ƙidaya 49 kacal.

Dajin kansa abin lura ne. Wanda ya hango shi daga jirgin sama zai ga itatuwa sun yi jeri-jeri, tsakanin kowane jeri da na gaba akwai fili fetal, shi ya sa masana suke kwatanta shi da zanen jikin damisar ƙasar Indiya. Wannan tsari yana da dalili. Ruwan da ke sauka a shekara bai isa ya rayar da itace a ko'ina ba. Faƙon ba ya shan ruwa, sai ya gangarar da shi zuwa jerin itatuwan da ke ƙasa da shi, inda ganye ya ruɓe, gara kuma ta huda ƙasa, ruwan ya samu hanyar nutsewa. Ta haka geza da sabara da anza suke samun rabonsu haɗe da na filin da ba ya tsirar da kome. Idan aka sare jeri guda, ruwan ya wuce da gudu, ƙasar ta daskare, da wuya kuma itace ya sake kamawa a wurin.

A wannan tudu raƙuman suke cin damina. Da rani ya kama sai su gangara kwarin Dallol Boso, inda ruwan ƙasa ke kusa, gawo kuma ya yawaita. Gawo dai ya saɓa wa sauran itatuwa: yana zubar da ganye da damina, ya yi kore shar lokacin da daji ya bushe, don haka shi ne rumbun raƙumin dawa da na dabbobin makiyaya baki ɗaya. Ba banza ba sarakunan Damagaram na ƙarni na 19 suka kafa hukunci mai tsanani a kan mai sare shi.

Hana farauta ya yi amfani, domin a 2017 adadinsu ya haura 600, a 2018 kuma aka ɗebi 8 aka kai gandun dajin Gadabeji a jihar Maraɗi, don kada annoba ɗaya ta shafe su duka. Sai dai yayin da dabbobin suke ƙaruwa, dajin raguwa yake yi. Yamai tana bukatar itacen girki, gonakin gero suna hawa tudu, raƙumin da ya rasa ganye kuwa gonar wake yake faɗawa, ko ya miƙa wuya cikin lambun mangwaro. Manomin Zabarma da ya wayi gari ya tarar an cinye masa wake, doka ta hana shi taɓa dabbar, asarar kuma tasa ce.