Jinkirin Sake Duba Jarrabawa da Ƙofofin Neman Haƙƙi

Manomin garin Kwadon da ya yi noman rani, ya fito da kwandunan tumatir bakin hanyar Dadin Kowa, ya tara kuɗin ya tura ɗansa Jami'ar Jihar Gombe, wadda aka kafa a 2004, ko ta Tarayya da ke Kashere, wadda ta biyo baya a 2011, ba ya buƙatar a gaya masa illar jinkiri, domin sana'arsa ta karantar da shi. Abin da galibi bai sani ba shi ne, idan ɗan nan bai gamsu da makinsa ba, ya biya kuɗin sake duba takardarsa, zango ya shuɗe ana ce masa ya dawo gobe, to shari'a ba ta bar shi hannu rabbana ba.

Wajibi ne a fara sanin iyaka. A shari'ar Magit da Jami'ar Aikin Gona ta Makurdi, Kotun Ƙoli ta tabbatar a 2005 cewa auna ilmi da ba da digiri hurumin jami'a ne, alƙali ba ya ɗaukar jan alƙalami ya yi wa ɗalibi maki. Wannan daidai ne a ganina. Amma a 2014, cikin shari'ar Jami'ar Ilorin da Adesina, kotun ta rarrabe tsakanin ba da digiri da riƙe sakamako, ta nuna cewa na biyun abu ne da kotu ke da ikon shiga. Ashe ke nan ijtihadin malami a kan amsa ba a tuhumarsa, amma ajiye takarda cikin aljihun tebur ba ijtihadi ba ne, tauye haƙƙi ne, irin wanda malaman fiƙihu suka hukunta a kan mawadacin da ke jan ƙafa wajen biyan bashi.

Hanyar kuwa hawa-hawa ce. Ɗalibi ya rubuta wa Magatakardan jami'ar, ya riƙe rasiti da kwafin wasiƙarsa mai hatimi da kwanan wata, domin kotu takan tambaya ko an bi matakan cikin gida tukuna. In shiru ya yi yawa, akwai Hukumar Sauraron Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, marigayi Yusuf Maitama Sule ya fara shugabantarta. Ita ce magajiyar diwanin mazalim, wato zauren sauraron koken waɗanda aka zalunta, a zamaninmu, ba ta karɓar ko anini, sai dai ba ta duba koken da ya haura wata 12. Daga nan sai Babbar Kotu, ta jiha ko ta tarayya gwargwadon mai jami'ar, a roƙi umarnin tilasta wa hukuma sauke wajibinta.

A nan ne haƙurin mutanenmu ke cutar da su. Dokar kare jami'an gwamnati ta yanke wata 3 kacal don shigar da ƙara a kansu, alhali uba yana nan yana cewa, "Yi haƙuri, ɗana, kada ka ɓata da malamanka." Yaron da aka ja wa lokaci har ya haura shekara 30 kafin ya kammala, hidimar ƙasa ma ta wuce shi, sai takardar yafewa.