Rikicin Iyakar Gona: Inda Hannun Kotun Sama Yake Tsayawa

Da yawa daga rikicin iyaka a ƙasar Hausa ba ya wuce kunya biyu ko uku. Damina ta faɗi, maƙwabci ya tura garma ta cinye gamba ko jerin bini-da-zugun da kakanni suka dasa a shaci, mai unguwa ya gaza, dagaci ya gaza, sai gaban alƙali. Wanda aka kayar kan fito yana cewa, "Sai mun je Abuja." Abin da bai sani ba shi ne, Kotun Ƙoli da ke Abuja takarda kawai za ta gani.

Alƙalin farko shi ne ya ga shaidu ido da ido, ya ji wanda muryarsa ta yi rawa, ya lura da dattijon da ya nuna kututturen aduwa ba tare da inda-inda ba. Sau da yawa shi da kansa kan je gonar, a taka iyakar da ƙafa a gaban masu shari'a da maƙwabta. Dokar Shaida ta 2011, a sashe na 127, ta ba kotu wannan dama. Alƙalan ɗaukaka ƙara kuwa ba sa sake kiran shaidu sai a wani yanayi na musamman. Shi ya sa a shari'ar Woluchem da Gudi ta 1981 Kotun Ƙoli ta jaddada cewa idan kotun farko ta auna shaida yadda ya kamata, ba aikin ta sama ba ne ta ɗora nata ra'ayin a kai.

Ƙofar ba a rufe take ruf ba. Ana sa baki idan hukuncin ba shi da tushe a shaidar da aka rubuta, ko an tauye wa wani haƙƙin a saurare shi, ko an karkatar da doka, ko kotun ba ta da hurumi tun farko. Amma in kotuna biyu na ƙasa sun yi ittifaƙi a kan inda iyaka take, da wuya Kotun Ƙoli ta taɓa. Sashe na 233 na Tsarin Mulkin 1999 ma ya ce sai da izini ake kai mata ƙara a kan abin da ya faru, ba a kan fassarar doka kaɗai ba.

Maganar hurumi ta fi cin mutanen Arewa. Mutum kan ɗauka tunda alƙalin shari'ar Musulunci ne ya yanke, to Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ce gaba. Amma sashe na 277 na Tsarin Mulkin ya taƙaita ta ga aure, riƙon yara, gado, wasiyya, kyauta da waƙafi. A shari'ar Magaji da Matari ta 2000, Kotun Ƙoli ta ce jayayyar mallakar fili zalla ba ta cikin wannan jeri. Gonar gado da magada ke rabawa tana shiga; gonar da maƙwabta biyu ke jan iyakarta sai Babbar Kotun jiha. Abin tausayi ne a ce talaka ya sayar da tumaki, ya yi shekaru yana zarya, sannan a rushe komai saboda ya ƙwanƙwasa ƙofar da ba ita ba.

Tun 1938, a shari'ar Baruwa da Ogunshola, aka kafa cewa nauyin fayyace filin da ake nema yana wuyan mai ƙara. Kwatancen ya fito sarai, har safiyo ya iya zana taswira daga abin da ke rubuce. Lauyoyin da suka san aiki kan matsa tun ranar duba gona a rubuta sunan maƙwabcin gabas da na yamma, da kowace bishiya, da yawan takun da aka ƙirga.