Alƙalami Ɗaya ko Taron Marubuta: Derrick da Daɗin Kowa

Herbert Reinecker, Bajamushen da aka haifa a Hagen a 1914, shi kaɗai ya rubuta kashi 97 na shirin talabijin Der Kommissar, sannan ya rubuta duka kashi 281 na Derrick, wanda tashar ZDF ta nuna daga 1974 zuwa 1998. Tsarin Derrick bai cika sauyawa ba: a yi kisa a birnin Munich, Sufeto Derrick da mataimakinsa Harry Klein su shiga gidajen masu hali suna tambayoyi cikin natsuwa, kafin sa'a guda ta cika an kama mai laifi.

A Kano kuwa, tashar Arewa24 da ta fara aiki a 2014 ta bi wata hanyar. Shirinta na Daɗin Kowa aikin taron marubuta ne, irin su Fauziyya D. Sulaiman da Nazir Adam Salih, waɗanda suka fito daga rubutun littattafan Hausa. Laifi a nan ba ya ƙarewa a mako ɗaya. Shaye-shaye, tsattsauran ra'ayi da rikicin aure suna ratsa gidaje tsawon watanni, kuma iyaye, malamai da masu unguwa duk suna da bakin magana.

Marubuci guda yana ba shiri murya ɗaya da ba ta rawa, abin da ya taimaka har Derrick ya shiga ƙasashe sama da 100. Sai dai idon mutum ɗaya ba ya ganin ko'ina: talaka da baƙo ba su da wurin kirki a duniyar Reinecker. Taron marubuta ya fi shi sanin unguwa, amma zaren labari kan ɓace masa, kuma 'yan wasa ke kwashe suna, marubuci ya koma bayan labule.

Matashin garin Sabon Gida na Nijar da ke kallon fina-finan Kano a wayarsa, yana burin rubuta nasa, me zai ɗauka daga kowanne? Abin labari bai yi masa ƙaranci ba tsakanin Madawa, Buza da Keita: satar shanu, rikicin manomi da makiyayi lokacin kaka, sumogar fetur ta bakin iyaka, cuta a cinikin albasar Galmi. Amma sufeto shi kaɗai ba zai warware waɗannan ba, domin a Nijar ƙara kan fara isa gaban maigari ko sarki don sulhu kafin jandarma da alƙali su ji ta.

Don haka ya ari ladabin Reinecker: laifi ɗaya, bincike mai hujja, ƙarshe a kan lokaci. Mutanen da za su cika labarin kuwa, da yadda suke magana da yadda suke sasantawa, Daɗin Kowa ya fi kusa da koya masa su.