Ndlovu, dangin giwa

A Afirka ta Kudu da Zimbabuwe, mutane da yawa suna amsa sunan Ndlovu. Da halshen Zulu da na Ndebele, giwa ke nan. Waɗannan ƙabilu biyu, da Kosa da Suwazi, su ake ce ma Nguni.

Ndlovu ba sunan yanka ba ne, sunan dangi ne. Yaro shina gadon shi wajen ubanshi. Bisa al'ada, Ndlovu ba shi auren Ndlovu, ko da garuruwansu suna nesa da juna, don ƴan'uwa ne. Shi ya sa saurayi ke tambayar dangin budurwa tun da wuri.

In za a girmama ɗan wannan dangi, sai a ce mishi Gatsheni, kirarinsu ne. A ƙasar Esuwatini kuwa, uwar sarki ita ce Ndlovukati, watau giwa mace.