Irin da Ba Ya Kwana a Rumbu

Isabella Rossellini a gidan fim ta tashi. 'Yar Ingrid Bergman ce da Roberto Rossellini, an haife ta a birnin Rum a 1952, ta fito a finafinai masu yawa, daga baya ta shirya nata gajeru a kan rayuwar dabbobi da ƙwari. Da girma ya fara zuwa sai ta koma makaranta ta karanci halayyar dabbobi, ta kuma kafa gona a Long Island ta jihar New York, wadda ake kira Mama Farm. Abin da take kiwo a can shi ne abin da manyan gidajen gona suka juya wa baya: kaji da tumaki 'yan asali, masu jinkirin girma, kowanne da launinsa da halinsa. A 2018 har littafi ta fitar a kan kajinta. Kiran da take yi guda ne, kada a bar tsofaffin irin dabbobin gida su ƙare.

Duk wanda ya tashi gidan manomi ya san abin da take nufi. Ran girbi maigida yakan tsaya ya zaɓi zangarniyar da ta fi cika, ya ɗaure daminta daban, ya ɗora can ƙuryar rumbu. Ko yunwar bazara ta matsa, ba mai taɓa ta. Kuma ba iri ɗaya yake ajiyewa ba. Ga gero mai saurin nuna, ga maiwa mai jan lokaci, ga kaura da farfara, ga wake da za a tsarma a tsakani. Bai san irin daminar da ke tafe ba, shi ya sa. In ruwa ya ɗauke da wuri gero ya fid da gida, in ya zarce maiwa ta cika rumbu.

Birtaniya ta taɓa yin abin da wannan manomi ba zai yi ba, a kan aladu kuwa. Musulmi ba ya kiwon alade, ba ya cin namansa, amma labarin ya shafi duk mai dabba a garke. A 1955 wani kwamiti ya ba gwamnati shawarar a mai da hankali kan iri uku kawai, Large White da Landrace da Welsh, don a iya gogayya da naman da ke shigowa daga Denmak. Kasuwa na son dabba mai saurin girma, marar kitse da yawa. Sauran sai suka zama nauyi a wuyan makiyayi. Irin Cumberland ya ƙare a 1960. Lincolnshire Curly Coat, mai gashi a nannaɗe, bai wuce farkon shekarun 1970 ba. Sai a 1973 aka kafa ƙungiyar Rare Breeds Survival Trust, bayan ƙasar ta riga ta rasa irin dabbobin gida 26 daga 1900. Tun kafuwarta ba a sake rasa ko ɗaya ba.

Abin da ya fi damuna shi ne inda dabba ta bambanta da hatsi. Damin iri yana iya kwana a rumbu ya jira shuka. Tunkiya ba ta jira. Dole wani ya tashi da asuba ya ba ta dusa da ruwa, ya nemo mata rago na irinta, ya yi jinyar ɗan da ta haifa, shekara bayan shekara, alhali maƙwabcinsa mai kiwon zamani ya fi shi samun kuɗi. Ranar da mutum na ƙarshe ya gaji, juriyar sanyi ko ta cuta da aka yi ɗaruruwan shekaru ana tacewa ta tafi ke nan. Mu ma muna da abin da za mu yi wa wannan fargaba, kamar jar akuyar Sakkwato da Maraɗi da shanun Azawak.

Shi ya sa nake ganin amfanin mace irin Rossellini, wadda idan ta ɗauki kaza a hannu 'yan jarida za su zo da kyamara. Sai dai suna kaɗai ba ya ciyar da garke, sai an sami mai saye. A Hungari, aladen Mangalitsa mai gashi ya ragu bai kai 200 ba a farkon shekarun 1990. Abin da ya tsamo shi, wani kamfanin sarrafa nama na Sifen ne ya zo neman dabba mai kitse, makiyaya suka ga akwai ciniki, suka koma kiwonsa. Yau ana ƙirga shi da dubbai.