Kawo: Ƙauyen da Ya Zama Ƙofar Kaduna

Duk matafiyin da ya taso daga Kano ko Zariya, ta Kawo yake shiga Kaduna. Yau unguwa ce a ƙaramar hukumar Kaduna ta Arewa, amma a zamanin Turawa ƙauye ne a bayan gari, cikin ƙasar Zazzau, gonaki sun kewaye shi.

Gwari, waɗanda ke kiran kansu Gbagyi, su ne tsofaffin mazauna wannan yanki. Abin da ya zaunar da mutane a nan shi ne ruwa da ƙasar noma: damina kan kai watan Oktoba, dawa da masara da doya duk suna yi. Kogin Kaduna, wanda ya taso daga tsaunukan Jos, yana bi ta gabashin Kawo wajen Rafin Guza, sannan ya ratsa gari ya nufi kogin Kwara.

Hanya ce ta sauya wa ƙauyen rayuwa. Layin dogo ya isa Kano a 1911, a 1917 kuma Turawa suka dawo da hedikwatar Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna. Daga nan gari ya yi ta miƙewa arewa, barikin soja na gaba, gidajen ma'aikata na biye. Makarantar horar da hafsoshin soja ta NDA, wadda aka kafa a 1964, a maƙwabtan Kawo ta fara zama. Sannu a hankali gonaki suka koma filayen gini, Kawo kuwa ya zama mararraba: hanya ɗaya ta yi Zariya, ɗaya ta yi Mando da Birnin Gwari, titin Ali Akilu ya shiga cikin gari. Cunkoson motoci ya sa aka sake gina gadar sama ta Kawo, Shugaba Muhammadu Buhari ya buɗe ta a 2022.

Abin sha'awa, birni bai raba Kawo da karkara ba. Kasuwarsa har yanzu ranar Talata take ci, irin ta ƙauye mai ci mako-mako. Manoma kan kawo hatsi, doya, tumatir da kaji daga ƙauyukan kewaye, matan gari su fito awo da sassafe. Mai son ganin asalin Kawo, ya je ranar Talata.